Kududdufan Kuza da Lissafin da Ba a Yi Ba

Duk wanda ya bi hanyar Bukuru zuwa Barikin Ladi ya gan su: manyan kududdufai masu ruwa tsit, kewaye da tarin jar ƙasa wadda ko ciyawa da ƙyar take kama ta. Ramukan haƙar kuza ne. Tun farkon ƙarni na 20 kamfanonin Turawa suka fara tonon ƙasar nan. A shekarun 1940 Najeriya tana cikin manyan ƙasashen da ke fitar da kuza a duniya, kuma tun kafin nan an kafa tashar lantarki a kan ruwan Kurra domin injinan haƙa. Daga baya harkar ta yi ta ja da baya, har farashin kuza ya ruguje a kasuwar duniya a 1985. Kowane tan da ya bar Filato an ɗora shi a sikeli, an rubuta kuɗinsa, an cire haraji. Amma gonar da ta koma rami, da rafin da aka karkatar, da yaron da zai faɗa ruwan bayan shekara sittin, babu littafin da aka shigar da su.

Ba wai masu haƙar ba su iya lissafi ba ne. Ƙa'idar lissafin ce haka: abin da ba ya shiga kasuwa, sifiri ake rubuta masa. Har gobe kuma haka muke yi. In aka sare daji aka ƙona gawayi aka sayar, kuɗin gawayin zai shiga ƙididdigar arzikin ƙasa na shekara, amma dajin da ya tafi ba a cire shi daga ko'ina. Tamkar magidanci ne ya kwance kwanon rufin ɗakinsa ya kai kasuwa, ya dawo yana ƙirga kuɗin a matsayin riba, ga damina ta ƙarato. Domin toshe wannan giɓi ne wani reshe na ilimin tattalin arziki ya taso, aikinsa shi ne neman hanyar da za a ce daji kaza, ko fadama kaza, ko iska mai tsabta, darajarsu ta kai naira kaza.

Na san akwai wanda maganar za ta yi masa banbaraƙwai. Zai ce ni'imar Allah ce, wa zai yi mata farashi? Ga kuma hadisin da ya nuna mutane sun yi tarayya a abu uku, ruwa da ciyawa da wuta. Ban raina wannan damuwa ba, kuma zan dawo kanta. Sai dai a tuna da diyya. Da shari'a ta yanke raƙuma ɗari a kan rai, ba ta sa rai a kasuwa ba, hanawa ta yi a zubar da jini ya tafi a banza. A wurina matsayin wannan lissafi ke nan.

Kafin a yi maganar awo sai an san abin da ake aunawa, kuma ɗorawa ɗaya ta isa misali. Akwai kalwar da ake yin daddawa da ita, da garin da yara ke sha, da makubar da ake daɓe da ita, da reshen da ya bushe ya shiga murhu. Wannan amfanin da hannu ke taɓawa ne. Akwai kuma wanda ba a gani: saiwarta tana riƙe ƙasa, ganyenta yana zama taki, inuwarta tana sanyaya gona da dabba. Sannan akwai mutumin da ba ya cin komai a jikinta, amma ba ya so a sare ta, ko don gobe tana iya yi masa rana, ko don jikokinsa su tarar da ita, ko don kawai tana tsaye tun zamanin kakansa. Masana suna tara duk waɗannan su ce su ne cikakkiyar darajar abu. Kakanninmu ba su jira an rubuta musu ba. A ƙasar Hausa ana iya sayar da gona a ce ban da ɗorawar cikinta.

Mafi sauƙin awo shi ne na kasuwa. A ƙirga mudun kalwa nawa bishiya take bayarwa a shekara, a duba farashi, a cire kuɗin wahalar tsinka da dafawa da dako. Ko nan ma akwai tarko, domin yawancin abin da mutumin karkara yake samu a daji ba ya zuwa kasuwa, tukunya yake shiga kai tsaye, kuma mai bincike da ya tsaya a bakin kasuwa ba zai gan shi ba. Irin wannan awo, a mafi ƙuncin siffarsa, shi ne muka saba gani wajen biyan diyya. Dokar mallakar ƙasa ta 1978 ta sa ƙasa a hannun gwamna, idan an karɓi fili don aikin gwamnati abin da ake biya shi ne gini da shuka da bishiyoyin amfani. Jami'i ya ƙirga mangwaro goma da ɗorawa uku, ya buɗe jadawali, ya rubuta kuɗi. Ruwan da fadamar take ajiyewa a ƙarƙashin ƙasa ba shi da layi a jadawalin.

Hanyar da ta fi kama hankalina ita ce wadda take bin sawun muhalli a cikin amfanin da yake haifarwa. Manomin gero a Kano ko Katsina ya san hatsin da ke ƙarƙashin gawo ya fi na fili kyau, domin gawo da damina yake zubar da ganye, ya ba ƙasa taki ya kuma bar wa shuka rana. In aka auna dami nawa aka samu a gindin gawo da dami nawa aka samu nesa da shi, bambancin, bayan an mai da shi kuɗi, shi ne ladan aikin gawon. Ba a tambayi kowa ra'ayinsa ba, rumbu ne ya ba da shaida.

Ɗaya daga cikin misalan wannan hanya da suka fi shahara a duniya a ƙasarmu aka yi shi, kuma ruwan Filato yana ciki. Kogin Jama'are daga tsaunukan da ke kusa da Jos yake tasowa, ya gangara ya haɗu da na Haɗeja, su malale a fadamun Haɗeja da Nguru. A wannan malala ce dubban iyalai suke shuka shinkafa, su yi noman rani bayan ruwa ya janye, su kama kifi, su yi kiwo. A 1974 aka kammala madatsar Tiga domin noman rani na zamani a Kano, a 1992 aka ƙara ta Challawa, ruwan da ke isa fadamun ya ragu. A farkon shekarun 1990 wani masanin tattalin arziki, Edward Barbier, da abokan aikinsa suka yi tambaya mai sauƙi: ruwa gwargwado ɗaya, ina ya fi haifar da arziki, a gonakin aikin noman rani na Kogin Kano ko a fadama? Abu uku kawai suka ƙirga a fadamar, noma da kamun kifi da itacen girki. Sakamakon ya nuna amfanin da fadama take samarwa daga kowane awon ruwa ya ninka na gonakin zamanin nesa ba kusa ba, domin aikin zamanin ruwa mai yawa yake sha kuma kuɗi mai yawa yake ci. Ba su ma saka kiwo ba, ba su saka ruwan da ke tsatsafowa ya cika rijiyoyin ƙauyukan yankin ba, sai a wani bincike na baya aka auna na rijiyoyin. Kafin binciken Barbier, ruwan da ya wuce madatsa ya malale a fadama a idon mai tsara aiki asara ne. Bayansa, duk mai son a gina madatsar Kafin Zaki a kan Jama'are sai ya fuskanci tambayar abin da mutanen da ke ƙasan kogin za su rasa, kuma da alƙaluma.

Wata hanyar kuma cewa take yi: in wannan abu ya tafi, nawa za a kashe a maye gurbinsa? Birnin New York na Amurka yana shan ruwa daga tsaunukan Catskill. Da ruwan ya fara gurɓata, aka ƙiyasta matatar da za a gina za ta ci dala biliyan 6 zuwa 8, ban da kuɗin tafiyar da ita. Sai birnin ya ƙulla yarjejeniya a 1997, ya kashe abin da bai kai biliyan 2 ba wajen sayen filaye a bakin rafuka da biyan manoma su gyara yadda suke noma da kiwo. Dajin tsaunukan ya ci gaba da aikin tace ruwan. Mu a Jos muna shan ruwan Lamingo da na madatsar Shen. Duk bishiyar da aka sare a saman waɗannan ruwaye, laka ce take ƙaruwa a madatsa, sinadarin tace ruwa ne yake ƙaruwa a kasafi, kuma gidan da famfonsa ya ƙafe jarkar mai ruwa zai saya. Waɗannan kuɗi ne na zahiri da ake iya tarawa a takarda. Haka ma ɓarnar da aka kauce wa. Waɗanda suka ga ambaliyar watan Yulin 2012, wadda ta ci rayuka fiye da talatin a unguwanni irin su Rikkos da Gangare, ba sa buƙatar a yi musu bayanin amfanin barin hanyar ruwa a buɗe. Gidajen da suka rushe da kayan da ruwa ya kwashe ana iya yi musu kuɗi, kuma wannan kuɗin shi ne mafi ƙarancin darajar bakin rafin da aka cike da gini da shara.

Amma a nan kududdufanmu suna koyar da wani abu da littafi ba ya saurin faɗa. A ce an ƙirga kuɗin cike su duka a mai da ƙasar yadda take, adadin zai tashi sama ƙwarai. Shin wannan adadi shi ne asarar? Ba lallai ba ne. Je ka bakin waɗannan ruwaye a watan Janairu, za ka tarar da injin ban-ruwa yana kuka, ga kabeji da karas da latas da tumatir da za su cika kasuwar Farin Gada, daga nan a loda su a mota zuwa Abuja da kudu. Wani ramin ya zama wurin shaƙatawa, kamar na Rayfield. Ramin da ya cinye gonar kaka shi yake shayar da gonar jika. A ɗaya hannun kuma ga mutanen da ruwan ya ci, ga dabbobin da suka zurma, ga tarkacen wankin kuza da bincike ya nuna wasunsa suna fitar da tururin da ke cutar da jiki, kuma mutane suna ɗibar yashinsa su yi gini. Mai lissafin kirki dole ya rubuta duka biyun, ya kuma rubuta wa ya ci riba wa ya ɗauki asara, domin sau da yawa ba mutum ɗaya ba ne. Kuɗin gyara yana nuna girman aikin da ke gaba, kamar yadda rahoton Majalisar Ɗinkin Duniya na 2011 ya ce tsabtace ƙasar Ogoni da malalar mai ta gurɓata zai iya ɗaukar shekara 25 zuwa 30, da dala biliyan 1 na somin-taɓi. Amma shi kaɗai ba ya gaya maka ko gyaran ne ya fi, ko barin ramin da kewaye shi.

Akwai hanyoyi biyu da suke leƙen darajar muhalli ta cikin abin da mutane suke kashewa a wani wajen. Ɗayar masanin tattalin arziki Harold Hotelling ne ya ba da shawararta a 1947 ga hukumar gandun dajin Amurka: in kana son sanin darajar wurin shaƙatawa, duba kuɗin mota da lokacin da mutane suke sadaukarwa su zo. Iyalin da suka taso daga Bauchi ranar yawon Sallah don su ga namun daji a Jos, ko suka tsaya a magangarar ruwa ta Assop, abin da suka kashe ya ninka kuɗin ƙofa, kuma shi ya fi kusa da gaskiyar darajar wurin a idonsu. Ɗayar kuma farashin gidaje take dubawa: gida biyu iri ɗaya, ɗaya kusa da juji ɗaya kusa da lambu, bambancin hayarsu shi ne kuɗin iska mai kyau. A Abuja, a kewayen tafkin Jabi, ana iya gwada wannan. A Jos kuwa ina shakka. Tun rikicin 2001, abin da ya fi yanke farashin fili a garin nan shi ne su waye maƙwabta kuma ko mutum zai yi barci da ido biyu rufe. Muryar bishiya ba ta fita a cikin wannan.

Saura abin da ba ya barin sawu a kasuwa ko kaɗan. A Laminga, gabas da Jos, akwai ɗan dajin Amurum, inda cibiyar nazarin tsuntsaye ta A. P. Leventis take. A nan ake samun wani ɗan ƙaramin tsuntsu ja mai zama a duwatsu, wanda sai a 1998 masana suka tabbatar jinsi ne na daban, daga Filato kuma aka fara bayyana shi. Ba a cinsa, ba a sayar da shi, yawancin mutanen Jos ba su taɓa ganinsa ba. In ya ƙare, an yi asara ko ba a yi ba? Hanyar da ta rage ita ce a tambayi mutane kai tsaye: nawa za ka iya bayarwa a shekara don a kiyaye wannan daji?

Wannan hanya ta yi suna ne bayan jirgin dakon mai na Exxon Valdez ya fashe a gaɓar Alaska a watan Maris na 1989. Gwamnatin jihar ta sa aka tambayi gidaje a faɗin Amurka, aka tara amsoshin, aka ce asarar mutanen da ba su ma taɓa zuwa wurin ba ta kai dala biliyan 2.8. Gardama ta kaure, har gwamnatin Amurka ta kafa kwamiti ƙarƙashin Kenneth Arrow da Robert Solow, dukansu masu kyautar Nobel, wanda a 1993 ya ce hanyar tana iya amfani amma da sharuɗɗa masu tsauri.

Ni kuwa abin da yake damuna shi ne yadda za ta kaya a ƙasarmu. Baƙo ya zo ƙofar gida da takarda da biro, ya ce, “Baba, nawa za ku iya bayarwa?” Dattijon zai fara auna baƙon kafin ya auna dajin. In ya zaci tallafi ne ke tafe, amsa ɗaya. In ya zaci haraji ne, wata amsar. In kuma kara ce ta kama shi, zai faɗi abin da zai faranta wa baƙo rai. Wani ma zai ce wurin na kakanni ne, ba ya sa masa kuɗi, sai mai binciken ya rubuta sifiri ko ya jefar da takardar, alhali wannan mutum shi ya fi kowa ganin darajar wurin. Sannan yadda aka juya tambayar yana canza komai. “Nawa za ka biya a bar maka rafinka?” daban take da “Nawa za a biya ka ka rabu da rafinka?” An sha gwadawa, amsar ta biyu tana fin ta farko sosai. Kuma zaɓen ɗaya daga cikinsu hukunci ne a kan wa ke da rafin tun asali.

A nan damuwar mai cewa ni'imar Allah ce take samun gindin zama. Abin da mutum zai iya biya, aljihunsa ne yake yanke shi. Matar da rayuwarta kaf ta rataya a kan rafi ɗaya, wanka da wanki da sha da ɗan lambu, ba za ta iya ambaton fiye da 'yan ɗaruruwan naira ba. Attajirin da yake son kallon ruwa ta tagarsa zai ambaci dubbai. In aka tara alƙaluman yadda suke, kallon attajiri ya rinjayi rayuwar matar. Akwai gyara, ana iya ƙara wa nairar talaka nauyi a lissafi, amma sai mai lissafin ya ga dama, kuma sai wanda ya ba shi aikin ya yarda.

Haka jikoki ma suke shan kashi, ta wata ƙofa da ba kowa ke lura da ita ba. Masana suna rage darajar kuɗin gobe in za su kwatanta shi da na yau. Ɗauki ɓarnar naira miliyan 1 da za ta auku nan da shekara 50. In aka yi ragin da kashi 10 cikin ɗari a shekara, a takardar yau wajen naira 8,500 ce kawai. In da kashi 2 ne, ta kai kusan naira 370,000. Ɓarna ɗaya ce, lamba ɗaya aka canza. A kan irin wannan lamba masanan tattalin arziki Nicholas Stern da William Nordhaus suka saɓa game da sauyin yanayi bayan rahoton Stern na 2006. Ko da a ce kamfanonin kuza sun yi wannan lissafi a 1930 da babban ragi, kududdufan da muke gani yau da kusan ba su bayyana a ciki ba.

Manyan alƙaluma na duniya suna da nasu amfanin wajen farkar da mutane. A 1997 Robert Costanza da abokansa suka ƙiyasta hidimar da muhalli yake yi wa ɗan Adam ta kai dala tiriliyan 33 a shekara, lokacin da abin da duniya duka take samarwa yake wajen tiriliyan 18. A 2021 rahoton Partha Dasgupta, wanda baitulmalin Birtaniya ya sa a yi, ya nuna tsakanin 1992 da 2014 jarin gine-gine da injina na kowane mutum ya ninka biyu, na muhalli kuwa ya ragu da kusan kashi 40 cikin ɗari. A shekarar ce kuma Majalisar Ɗinkin Duniya ta amince da tsarin shigar da dazuzzuka da ruwaye cikin lissafin ƙasa. Amma tiriliyan ba ta yanke hukunci a kan rafi guda. Abin da ke yankewa shi ne ƙaramin lissafi irin na Haɗeja da Nguru, wanda aka yi a kan wuri sananne, da mutane sanannu, a kan zaɓi biyu da ke gaban hukuma.

Irinsa muke buƙata yanzu, domin kuza ta dawo. Da ita ake liƙa sassan waya da kwamfuta, farashinta ya tashi, matasa da mata sun koma ramukan loto, wato ramukan haƙar kuza masu kama da rijiya, a Barikin Ladi da Jos ta Kudu da Bassa, suna tono da hannu, wani lokaci a tsakiyar gonar dankali, wani lokaci ramin ya rufta da su. Doka tana nan: ta 1992 ta wajabta nazarin illar manyan ayyuka ga muhalli, ta ma'adinai ta 2007 ta ɗora wa mai lasisi gyara wurin da ya haƙa. Abin da nake so in gani shi ne adadi a gaban kowa kafin a sa diga. Buhun dankali nawa wannan fili yake bayarwa a shekara, shekara nawa zai yi bai ba da ba, rijiya nawa za ta ƙafe ko ta gurɓace, nawa za a kashe a cike ramin a mai da ƙasar sama. A fara da abin da rumbu da rasit za su tabbatar, a ajiye kuɗin gyaran a asusu tun kafin tono, a karanta alƙaluman a gaban mai unguwa da masu gonakin da harshen da suke ji. Abin da ya ƙi aunuwa kuma, maƙabarta ko dutsen gargajiya ko ɗan tsuntsun Amurum, a rubuta shi da sunansa a shafin farko, a ce wannan ba ya cikin ciniki.